Sai Aka Tura Shi

"Kyamara ba ta ɗaukar 'aka'," in ji Darakta, ya maka littafin a kan teburina har shayina ya fantsalo. "Faɗa min, Mahauciya, wa zan tsayar a gaban kyamara? Iska?"

Mahauciya yake ce min saboda sana'ata ke nan. A kawo min littafin da kowa ya rantse ba zai yi fim ba, in feɗe shi, in zubar da kitse, in miƙa wa 'yan fim tsoka. Na taɓa yin wanda babu hira ko ɗaya a cikinsa. Na yi wanda gawa ce ke ba da labarin. Amma wannan ya kusa sa ni sayar da kwamfutata in koma koyarwa.

Labarin gida ɗaya ne: wa, da ƙane, da ƙanwarsu, da mijin ƙanwar, wani ƙato mai saurin kai hannu. A tsakiyar littafin mijin ya faɗo daga bene ya karya wuya. Jimla ɗaya tak marubucin ya ba abin: "Sai aka tura shi." Bai ƙara ba. Masana sun tsufa suna gardama a kai. Wani ya ce ƙaddara ce ta tura shi, wani ya ce al'umma ce, wani ma ya ce mai karatu ne da kansa. Duk wannan yana da daɗi a takarda. A fim kuwa, in za a tura mutum sai an ga hannu, hannun yana da kafaɗa, kafaɗar kuma tana ɗauke da fuska.

"Na samo shi," na ce.

Darakta ya jawo kujera. "Waye?"

"Ka san ƙa'idata. Marubuci ne ke fara ji."

"Ni da zan ɗauki fim ɗin?"

"Ko mijina bai sani ba, kuma shi na yi ta turawa a matakalar gidanmu ina gwadawa."

"Allah ya ba bawan nan haƙuri," ya ce. "In kin dawo ki kira ni kafin ki cire takalmi."

A kicin ɗina na samo shi. Rannan innata ta zo mana kwana biyu, muka ji ƙarar fashewar abu, sai babbar 'yata ta leƙo ta ce, "Mama, an fasa kofi." Innata ko ɗagowa ba ta yi ba. "Kira min An ɗin nan in ga hancinsa," ta ce. Ga ƙaramar a bayan ƙofa, ta rufe ido wai kada a gan ta. Na bar ruwa yana tafasa na ruga na buɗe babin farko. Yana nan: agogon bango ya faɗo, gilashinsa ya tsage, wan ya je gaban mahaifinsu ya ce, "An fasa agogo." Ƙanen ne ya fasa, mai karatu ya gani. Na bi littafin da jan biro. Duk inda ƙanen ya yi abin kirki, "ya" ne. Duk inda ya yi ɓarna, sai ya ɓace daga jimlar, "aka" ta maye gurbinsa. Mutumin nan bai san wata hanyar rufa wa ƙanensa asiri ba.

Sauran aikina ne. Matakalar littafin siririya ce, mutum biyu ba sa jerawa, kuma wanda zai tura sai yana baya. Ta yaya yaro zai samu bayan ƙato irin wannan ba tare da ya tsargu ba? Da ladabi. Na sa ƙanen ya matsa gefe, ya sunkuyar da kai, ya ce, "Wuce gaba." Na ji daɗin layin nan har na saya wa kaina takalmi.

Da hantsi na isa gidan marubucin. Tun da ɓarin jikinsa ya shanye bai sake fita ba, magana ma sai ɗaiɗai, don haka ƙanensa ne ke riƙe da komai, shi ya amince a yi fim ɗin. Shi ya buɗe min ƙofa: dattijo mai tsafta, farar riga, faffaɗan kafaɗu da ba su san tsufa ya zo ba. Na ji nas ɗin da ke jinyar marubucin tana ce masa Kawu, ni ma na bi.

"Lale da 'yata! Ke ce za ki mai da Yaya ɗan fim a tsufansa?" Ya yi dariya ya miƙo min wani kwando. "Sa wayarki a nan. Ƙarar waya tana firgita shi."

Na sa. Na ba shi kwafi ɗaya na rubutun, na riƙe ɗaya.

"Ina fata ba a yaɗa shi a gari ba tukuna?"

"Haba Kawu," na ce, har da ɗaga kai. "Babu mahalukin da ya gani. Daga ni sai kwamfutar da ke jakar nan. Ba na nuna wa kowa sai marubuci ya ji da kunnensa."

"Madalla. Tarbiyya ke nan."

Ya shige gaba, na bi shi. A matakala abin ya fara yi min daɗi. Siririya, ga ƙarfen dafawa mai ruwan tagulla, ga 'yar taga mai koren gilashi daidai kwana, komai kamar yadda littafin ya faɗa. Na ce a raina, marubuta dai ɓarayin gidajensu ne. Har na so in koma in ɗauko waya in ɗaukar wa Darakta hoto.

Marubucin yana falon sama a keken marasa lafiya, bargo a cinyarsa, ɓarin fuskarsa na dama ya zube kamar kyandir da ya sha rana. Idanunsa kuwa suna nan ƙal. Na durƙusa na gaishe shi. Ya kama hannuna da na hagunsa, ya riƙe ya daɗe.

"Ya ce a kawo ki," in ji nas ɗin. "Da aka lissafa masa masu rubutu, sai da aka zo kanki ya buga hannu a keke."

Na zauna na fara karantawa. Haka nake yi kullum: ina karantawa da ƙarfi, ina satar kallon fuskar mai littafi, in ga inda ya lumshe ido da inda ya ɓata rai. Kawu ya zauna kusa da ƙofa, ya sa tabarau, yana bin nasa kwafin da yatsa. A wurin fasa agogo ya ƙyalƙyale da dariya.

"Wallahi haka aka yi! Ga shi can ma."

Na ɗaga kai. A saman kabad, agogon bango ne mai tsagaggen gilashi, tsagar ta taso daga ƙarfe biyu ta gangaro. A ƙarƙashinsa hoton aure: yarinya siririya, da wani ƙato ya ɗora mata hannu a wuya.

"Ƙanwarmu ce," in ji Kawu. "Tana nan da ranta. Mijin ne ya rasu tuntuni, Allah ya jiƙan rai. Faɗuwa ya yi. Ci gaba, 'yata."

Na dubi marubucin, na tarar ni yake kallo, ba ya ko ƙiftawa. Littafin nan ba ƙirƙira ba ne. Matakalar da na hawo ita ce matakalar. Mutumin da na ba fuskar "aka" yana zaune tsakanina da ƙofa, da rubutuna a hannunsa, yatsansa yana gangarawa zuwa wurin.

Na ci gaba da karatu, don ban san me zan yi ba in na daina. Muryata tana fita, ni kuma ina lissafin tagogi. Kowacce da ƙarfe. Da na iso fitowar benen sai na haɗa shafi biyu na juya, na faɗa kan jana'iza kamar ba komai.

"Kin tsallake."

"Na'am?"

"Kin tsallake shafi, 'yata." Bai ɗago ba. Idonsa yana kan takardar, kuma na ga ya riga ya kai ƙasan shafin. Ya cire tabarau, ya goge da bakin riga, ya mayar. Sannan ya juya wajen nas ɗin. "Maganin hawan jinin Yaya ya kusa ƙarewa. Je ki babban kantin magani, na kusa ba su da mai kyau."

"Akwai na kwana biyu, Kawu."

"Je ki dai."

Na buɗe baki in ce ta tsaya. Me zan ce? Na ji takunta yana sauka, na ji ƙofar ƙasa ta rufe, na ji makulli ya juya.

"Karanta mana," in ji Kawu. "Ai Yaya ne ke fara ji. Ƙa'idarki ce."

Na karanta. Na karanta yadda mijin ya fito daga ɗaki yana gyara hannun riga, matar tana kuka a ciki. Yadda ƙanen ya matsa gefe, ya sunkuyar da kai. Da na zo kan "Wuce gaba" sai da na maimaita. Na karanta hannu biyu a tsakiyar baya. Na karanta ƙarar.

Hawaye yana bin lafiyayyen ɓarin fuskar marubucin.

"Wa ya faɗa miki?" Muryar Kawu a kwance take, kamar mai tambayar kuɗin mota.

"Babu kowa, Kawu. Fim ne kawai. Dole a sa fuska, sai na zaɓi..."

"Maganar fa? 'Wuce gaba.' Babu ita a littafi. Na karanta littafin nan ya fi a ƙirga, babu ita." Ya dubi wansa. "Kai ka faɗa mata?"

"Ni na ƙirƙira! Wallahi a matakalar gidanmu na..." Na gane abin da tambayarsa take nufi, shi ma ya ga na gane.

Ya yi murmushi. "Kina da basira. Furofesoshi sun zo gidan nan sun sha shayi, sun hau matakalar nan sun sauka, ba wanda ya ga komai. Shi ya sa da aka zo da maganar fim na ce a yi."

"Zan canza," na ce da sauri. "Abu mai sauƙi ne. Inuwa kawai za a nuna a bango. Ko a ɗauke hoto, a bar ƙara. Darakta ma ya fi son haka, dama jiya da ya karanta ya ce..."

"Jiya da ya karanta." Ya girgiza kai kamar uban da ya kama yaro da sukari a baki. "Daga ke sai kwamfutar da ke jakar nan. Ba haka kika ce ba?"

Ya tashi. Ya karɓi kwafin da ke hannuna a hankali, ya haɗa da nasa, ya daidaita bakinsu a kan tebur. Ya ɗauki jakata ya rataya a kafaɗa.

"Yaya ya gaji. Zo in raka ki."

Ƙafafuna suka kai ni bakin ƙofa ba da izinina ba. Daga falon zuwa kan matakala ɗan fili ne da bai wuce shimfiɗar tabarma ba. Na leƙa ƙasa. Tsaye take kamar tsani, koren hasken tagar nan ya kwanta a kwana, can ƙasa kuma tayil ne fari, ɗaya a cikinsu daga baya aka sa shi, launinsa bai zo ɗaya da sauran ba.

Kawu ya matsa gefe. Ya sunkuyar da kai.

"Wuce gaba, 'yata."

Na manna bayana da bango. "A'a Kawu, ni wa? Ai babba ne a gaba."

"Baƙo ne a gaba."

"Gidanka ne, ka fi ni sanin hanya."

"Hanya ɗaya ce, ba a ɓata."

"Ina jin jiri. Bari in jira nas ta dawo."

"Kantin da nisa." Ya matso taku ɗaya. Ƙamshin sabulunsa ya cika min hanci. "Kin san abin da yake yi mata? Kin rubuta kuka a bayan ƙofa. Ba kuka ba ne, 'yata. Ranar ba ta iya kuka ba, haƙoranta biyu suna ƙasa. Ina da shekara goma sha tara. Yanzu ki ce in zauna a ɗakin kallo, jikokinta suna gefena, a nuna musu fuskata?"

"Na fahimta, Kawu. Na rantse zan goge."

"Daga kwamfuta za ki goge. Daga nan fa?" Ya taɓa goshina da yatsa ɗaya. Yatsan sanyi ƙalau.

Na yi ihu. Gidan ya haɗiye ihun, bangon irin na dā ne mai kauri. Na kama ƙarfen dafawa da hannu biyu. Ya ajiye jakata a ƙasa, ya fara ɓamɓare yatsuna ɗaya bayan ɗaya, ba gaggawa, kamar mai ɓare ayaba. Ƙarfinsa ya ba ni tsoro fiye da fuskarsa. Hannuna na dama ya saki. Diddigena ya sami bakin matakala, rabinsa a iska. Na tuna 'ya'yana ban yi musu kitso ba, na ce sai na dawo.

Sai wani abu ya daki gwiwar Kawu daga baya.

Keken ne. Marubucin ya turo kansa da hannu ɗaya, keken yana karkacewa, bargon ya naɗe a taya. Ya sake turawa, ya kutsa tsakaninmu. Na sulale ƙasa taku biyu ina riƙe da ƙarfe. Keken ya tsaya a bakin matakala, ƙananan tayoyin gaba suna leƙen rami, ya toshe hanyar gaba ɗaya. Tsohon ya damƙi ƙarfen da hannun hagu har jijiyoyinsa suka fito.

"Yaya, matsa. Za ka faɗi."

Bakin marubucin ya yi ta motsi, miyau yana zuba. Da ƙyar sautin ya fito, kamar ana jan kujera a siminti.

"Ka... tura... shi."

Kawu ya sandare. "Aka, Yaya," ya ce a hankali. "Aka tura shi. Haka ka rubuta. Ciwon ne yake cinye maka harafi." Ya leƙo ni ta saman kan wansa. "Haka yake yi, ba ya iya fara kalma."

"Ka," in ji marubucin. Ya ja numfashi. "Kai. Ka."

Ina sauka da baya, taku ɗaya, taku ɗaya, idona a kansu. Ban yarda in juya musu baya ba. Kawu ya ga ina nisa. Ya kama hannayen keken, kuma na ga abin da ya gani: ba zai iso gare ni ba sai ta kan wansa, in kuwa keken ya taho, ni da tsohon za mu isa farin tayil ɗin nan tare.

Marubucin ya saki ƙarfen. Da gangan ya saki, ya ɗora hannun a cinya. Keken ya ɗan sunkuya gaba, babu abin da ke riƙe da shi sai hannayen Kawu.

"Tura," ya ce.

Na ga kafaɗun nan sun tattaru, na ga yatsunsa sun yi fari a kan roba. Taya ɗaya ta zame daga baki ta rataya.

"Yaya," in ji Kawu, muryarsa ta koma ta yaro. "Yaya, riƙe ƙarfen mana. Don Allah riƙe."

Tsohon bai riƙe ba.

Kawu ya ja keken baya da ƙarfi har suka daki bango. Ya zube a gefensa, ya kifa kai a kan bargon. Ban tsaya ganin sauran ba. Na juya na ƙarasa matakalar da gudu, na fizgi wayata daga kwando, na tarar ƙofa a kulle, na shiga dukanta da tafi da ƙafa. Makulli ya juya daga waje. Nas ce, hannunta babu magani.

"Na kai bakin titi zuciyata ta ƙi," ta ce. "Bai taɓa aike na da rana tsaka ba. Lafiya? Ina takalminki ɗaya?"

"Kada ki hau ke kaɗai," na ce. "Kira maƙwabta. Kira ƙanwarsu. Ki kira kowa."

A tsakiyar titi na tsaya, inda motoci ke yi min hon, na kira Darakta.

"Mahauciya! To waye? Faɗa min, na kasa cin abinci."

"Ƙanen ne. Ka ji? Ƙanen ne ya tura shi. Faɗa wa furodusa, faɗa wa mai kyamara, faɗa wa mai kawo shayi. Yanzu, kafin ka ajiye waya."

"Ke da ƙa'idarki?"

"Marubuci ya ji. Ka zo ka ɗauke ni, kuma kada ka zo kai kaɗai."

Ƙanwarsu ta iso kafin la'asar, tsohuwa siririya mai haƙoran roba biyu a gaba. Ta hau, ta daɗe, aka sauko da marubucin a hannun maƙwabta, ta tafi da shi gidanta. Da za ta shiga mota ta miƙo min jakata da takalmina. Na fara ba ta haƙuri. Ta ɗaga hannu.

"Ina bayan ƙofar," ta ce. "Na ji lokacin da ya ce masa ya wuce gaba. Ki bar layin yadda yake."

Kawu bai sauko ba ranar. Daga baya shi da kansa ya kai kansa inda ake kai irin wannan magana, abin da ya biyo baya kuma na lauyoyi ne, ban bi ba.

An yi fim ɗin. Ranar da aka fara nuna shi, a wani ɗakin kallo na hawa na biyu, mutane suka tashi suna tafi, suka ɗunguma waje. Na zauna har wurin ya watse. Darakta ya dawo nemana, ya riƙe min ƙofar matakala, ya matsa gefe da fara'arsa.

"Ranki ya daɗe, wuce..."

Ya ga fuskata. Ya haɗiye sauran, ya shige gaba, na bar shi ya kai kwana kafin na sa ƙafa.